Sojoji Biyu da Faretin Makarantarmu

A shekarar da ta biyo bayan ƙarewar yaƙin basasa na fito daga kwalejin horon malamai, aka tura ni wata firamare da ke tsakanin Unguwar Kanawa da Badarawa, aka ba ni aji biyar. Shekaruna ashirin ba su cika ba. Ina zaune da kakata, wadda muke kira Iya, a gidan kawuna. Da ƙafa nake zuwa makaranta, in an kwana ana ruwa in riƙe takalmina a hannu har sai na wuce taɓon bakin kasuwa. Kaduna a lokacin cike take da soja. Duk inda ka juya kaki ne, a tasha, a teburin mai shayi, a layin famfo. Wasu na bariki ne, wasu kuwa an sallame su amma ba su rabu da rigar ba, don ita ce mai ƙwari a cikin kayansu.

A farkon Satumba hedimasta ya kira ni ofis. Mutum ne mai son yin magana a tsaye, hannuwa a baya. Ya ce takarda ta zo, makarantarmu na cikin waɗanda za su yi fareti a filin sukuwa ranar bikin samun 'yancin kai, kuma ni ce zan shirya yaran.

Na ce, "Ranka ya daɗe, ni fa ban taɓa yin maci ba."

Ya ce, "Ba a yi muku a kwaleji ba?"

"An yi, amma ni cikin masu riƙe bokitin ruwa nake."

"To ai kin ga yadda ake yi. Sauran malaman kowa ya ce ƙafa na damunsa. Mako huɗu gare ki, Malama."

Washegari bayan an tashi na tara yara arba'in daga aji biyar da na shida a ƙarƙashin itatuwan maina. Na jera su, na ja numfashi, na ce, "Hagu! Dama!" Rabinsu suka ɗaga ƙafar hagu, rabi suka ɗaga ta dama, wani ɗan ƙiba a baya ya yi tsalle da duka biyun don kada ya yi kuskure. Na sake gwadawa. Wannan karon layin gaba suka tafi, na baya suka tsaya, na tsakiya suka rasa wa za su bi. Kafin a yi minti goma mutum biyu sun yi karo, ɗaya na kuka.

Sai na ji dariya daga bakin ƙofa. Ba irin dariyar da ake ɓoyewa ba ce, ta ƙwarai ce, har da buga cinya. Maigadin makarantarmu ne, wani tsoho gajere, baƙi, mai kaurin wuya, wanda kowa ke kira Baba. Wata takwas ina gaishe shi safe da rana, ban san komai a kansa ba sai cewa yana son goro kuma ba ya yarda akuya ta shigo.

Na ƙarasa wurinsa raina a ɓace, na ce, "Baba, ni kake wa dariya?"

Ya share hawaye da gefen rawaninsa, ya ce, "Wallahi 'yata, ba ke ba ce. Tun da na baro Burma ban ga an watsa runduna da sauri haka ba."

Ashe tsohon soja ne. Bature ya ɗauke su suna samari a lokacin babban yaƙin duniya, aka loda su a jirgin ruwa aka kai su can bayan Indiya, ya yi shekara uku a kurmi. Ban san lokacin da na ce masa, "To Baba, don Allah ka zo ka gyara mini" ba.

Ya ajiye sandarsa, ya tofar da goro, ya tako zuwa gaban yaran. Ina kallo tsohon nan ya ƙara tsawo. Ya buɗe baki ya ce, "A ƙame!" Tsuntsayen da ke kan maina suka tashi. Yara arba'in suka sandare, har ni da nake gefe sai na ji na haɗe ƙafafuna.

Abu na farko da ya nema shi ne alli. Ya bi yaran ɗaya bayan ɗaya yana shafa musu fari a babban yatsan ƙafar hagu. Ya ce daga yau babu hagu babu dama, akwai mai alli akwai marar alli. Ya koma gaba ya fara, "Alli! Babu! Alli! Babu!" Cikin ikon Allah sai ga ƙafafu sun fara sauka tare. Ya ce da ni haka wani sajan ya yi musu suna kurata, sai dai shi da toka ya yi, kuma da mari.

Tsallaken hanya, daidai ƙofar makaranta, akwai rumfar mai gyaran keke. Mai rumfar saurayi ne da bai wuce shekara ashirin da biyar ba, Kirista daga kudancin Zariya, kamar yadda ake kiran yankin a lokacin, can wajen Kafanchan. Shi ma soja ne, na yaƙin da aka gama, an sallame shi saboda yatsu biyu da ya rasa a hannun hagu. Kowa Kofur yake ce masa. Ƙanwarsa tana ajina, shi yake riƙe da ita.

Kwana uku yana kallonmu daga rumfarsa. A na huɗu ya kasa haƙura, ya tsallako da sufana a hannu, ya gaishe ni, ya gaida Baba, sannan ya ce, "Baba, ka yi haƙuri, amma wannan juyawar da kake koya musu an daina ta tun kafin a haife ni."

Baba ya dube shi daga sama har ƙasa. Ya ce, "Wa ya daina ta?"

"Soja."

"Wane sojan? Ku da aka ɗauka ranar Litinin aka ba bindiga ranar Alhamis?"

Kofur ya yi murmushi, ya ce, "Ni dai da igiya biyu na fito. Kai fa, Baba?"

Nan aka taɓo wurin. Baba farabiti ya shiga, farabiti ya fito, ko igiya ɗaya ta muƙami bai samu ba, kuma duk unguwar an san aikinsa a Burma dako ne, cikin rundunar da ke ɗaukar kaya a ka saboda mota ba ta shiga kurmin. Ya matso har ƙirjinsa ya kusa taɓa cikin Kofur, don iyakar tsawonsa ke nan. Ya ce shi bakin igwa ya ɗauka a kansa ya hau dutsen da alfadari ya ƙi hawa. Ya ce matsattsaku sun sha jininsa fiye da abin da ke jikin Kofur gaba ɗaya. Ya ce abincinsu daga jirgin sama ake jefo shi, in ka yi sakaci buhun shinkafa ya kashe ka kafin abokin gaba ya gan ka.

"Mu teku muka ƙetare muka yi yaƙi," in ji shi. "Ku kogi kuka ƙetare."

Kofur ya ce, "To ku da kuka ƙetare teku, me mutanen can suka yi muku?"

Baba ya ce, "Ni ma na tambayi kaina. Ku fa? Naku ma 'yan gida ne."

Kofur ya juya sufanar a hannunsa. Yara sun yi cirko-cirko suna kallo, ni kuma ina tunanin mako uku da suka rage mini. Sai na tuna ƙanwarsa ta taɓa gaya mini shi yake kaɗa ganga a majami'arsu tun yana yaro. Na shiga tsakaninsu na ce, "Baba, kai ne da ƙafa. Kofur, kai ne da ganga. Kowa ya tsaya a nasa."

Akwai wata tsohuwar ganga a ɗakin ajiya da ɓeraye suka huda. Kofur ya tafi da ita, bayan kwana biyu ya dawo da ita da sabuwar fatar akuya, ya ɗaure ta da wayar birki. Da yatsu ukun nan yake riƙe sanda ɗaya, kuma ban taɓa jin ta kuɓuce masa ba. Daga ranar, da an kaɗa ƙararrawar tashi sai ya rufe rumfa ya tsallako. Gardamarsu ba ta ƙare ba, sai dai ta koma ta bayan aiki. Baba ya ɓare goro ya miƙa masa rabi, su zauna a kan benci su ci gaba daga inda suka tsaya jiya: sauron wane kurmi ya fi girma, hafsan wa ya fi mugunta, wa ya fi daɗewa bai cire takalmi ba. Ni ina gefe ina duba littattafan yara, tarihin da ba ya cikin littafin da nake koyarwa da shi yana shiga kunnena kyauta.

A cikin yaran akwai wata doguwar yarinya 'yar ajina, siririya, mai tafiya kamar an auna mata taku. 'Yar Ibo ce, amma a Kaduna aka haife ta, Hausa a bakinta ta fi ta wasu 'ya'yan Kanawa. Iyayenta sun tafi da ita gabas lokacin rikicin da ya jawo yaƙin, suka dawo bayan an gama, ita da uwarta kawai. Yaƙin ya cinye mata shekara uku na karatu, shi ya sa ta girmi 'yan ajin. Ba ta da yawan magana, amma in ganga ta tashi sai ka ga fuskarta ta buɗe. Abu ɗaya da Baba da Kofur suka yarda a kai ba gardama shi ne ita za ta shiga gaba ta riƙe allon sunan makaranta. Baba ya ba ta muƙamin Saje, yara suka ɗauka, har ni ma na koma kiranta haka.

Saura kwana goma, Saje ba ta tsaya maci ba. Ana tashi ta ɗauki jakarta ta yi ƙofa. Na bi ta na tambaye ta lafiya. Ta sunkuyar da kai ta ce mamanta ta hana. Wata maƙwabciya ce ta wuce ta gan su, ta je ta ce sojoji biyu ne ke juya yaran. Uwar ta ce 'yarta ba za ta taka ƙafa da umarnin soja ba, ko da korarta za a yi daga makarantar.

Da na gaya wa sojojin nawa, Baba ya ce yanzu zai je ya same ta. Kofur ya ce a'a, kada wanda ya je cikinsu. Ya ce, "Ni na san abin da matar nan ta gani. In ta ce ba ta son ganin fuskata, tana da gaskiya." A ranar, gangarsa ba ta yi daɗi ba. Yaron da muka sa a gaba a madadin Saje kuma ya riƙe allon a karkace, yana tafiya yana waiwaye.

Da yamma ina tankaɗe gari na ba Iya labari. Iya tsohuwa ce mai ƙarfin hali, ta haura saba'in, haƙoranta huɗu amma bakinta ya fi na mai talatin aiki. Ta saurara har na gama, ta ce, "Wai su waɗannan biyun su ne suka ga yaƙi? Ai ni na riga su. Gobe ki raka ni gidan matar."

Na ce, "Iya, me za ki ce mata?"

"Ina ruwanki? Ke dai ki riƙe mini lema."

Ranar Asabar da hantsi muka tafi. Matar tana haya a wani gida a Badarawa, ɗaki ɗaya da 'yar baranda inda ta kafa keken ɗinki. Iya ta yi sallama ta shige kamar gidanta, ta nemi kujera 'yar tsugunno ta zauna kafin a ce mata bisimilla. Matar ta gane ni, fuskarta ta ɗaure, amma ta durƙusa ta gaida Iya, ta aiki Saje ta kawo ruwa. Ba za ta wuce shekara talatin da biyar ba, sai dai gashinta ya fara fari a gefe.

Ta ce, "Mama, in maganar maci ce, don Allah a bar ta."

Iya ta ce, "Ni ɗinki na kawo." Ta zaro wani tsohon zane daga jaka ta miƙa mata, ta ce a kama mata bakinsa. Matar ta karɓa, ta zauna a keke ta fara. Iya ta bari sai da keken ya ɗauki sauti, sannan ta ce, "'Yata, da kuka gudu, me kika ɗauka?"

Keken ya tsaya. Na ji kamar in nutse. Matar ta dubi Iya ta daɗe, sannan ta ce, "Kan keken nan. Na kwance shi na naɗe a zane."

"Kin fi ni hankali," in ji Iya. "Ni kaza na ɗauka."

Sai ta ba ta labarin da ni jikarta ban taɓa ji ba. Tana 'yar shekara shida ko bakwai Nasara suka zo Kano. Ta ce da safe ne, suna cikin gida suka ji wata ƙara da ba ta yi kama da tsawa ba, ƙasa ta motsa, ƙwarya ta faɗo daga rataya. Aka ce igwa ce, an fasa ƙofar gari. Babanta ya ɗauki takobi ya fita. Uwarta ta goya ƙaninta, ta ja ta suka bi ayarin masu fita ta wata ƙofar. Ita kuwa ta rungume wata farar kaza da aka ba ta, ta rantse ba za ta sake ta ba. Kwana biyu suna tafiya, ana dukanta a kan ta yar da kazar nan, kazar tana tsattsage mata ƙirji, ta ƙi.

"Rana ta uku aka yanka ta," in ji Iya. "Na yi kuka kamar raina zai fita, kuma ni na ci cinya."

Matar ta yi dariya ba ta shirya ba, ta rufe baki da hannu. Sannan ta ce, "Baban naku fa?"

"Bai dawo ba. Ba mu ga gawa ba, ba mu ji labari ba."

Matar ta ce, "Nawa mijin ma haka. Da ɗana ƙarami, shi yunwa ce." Ta faɗi haka idonta a kan allura. Iya ta yi mata ta'aziyya kamar jiya aka yi rasuwar, ni ma na yi.

Can Iya ta ce, "Har na yi aure in na hango sojan Nasara mai jar hula sai fitsari ya kama ni. Ba zan ce miki ki so soja ba, ni ma ban so su ba. Amma waɗannan biyun na sa an bincika mini. Ɗaya ɗan dako ne, ɗaya mai faci. Yarinyar nan kuma ba bayan kowa za ta bi ba, ita za a bi. 'Ya'yan unguwar nan talatin da tara, in ta tsaya su tsaya, in ta tafi su tafi. Ni dai da 'yata ce da na so in ga haka. Amma 'yarki ce."

Ba ta ƙara ko kalma ba a kan maganar. Ta koma zancen tsadar manja da ciwon gwiwa, ta karɓi zanenta, ta yaba ɗinkin, muka fito. A hanya na ce mata, "Iya, wa kika sa ya bincika miki?" Ta ce, "Ke mana. Ba ke kika gaya mini jiya ba?"

Ranar Litinin ana tashi sai ga matar a bakin ƙofa, Saje a bayanta. Ba ta dubi Baba ba, ba ta dubi Kofur ba, ni ta yi wa magana, amma da ƙarfin da kowa zai ji. Ta ce ta yarda, da sharaɗi biyu: ita za ta ɗinka wa 'yarta kayan da za ta sa, kuma kada wanda ya daka mata tsawa.

Baba ya ƙame ya sara mata. Ya ce, "Madam, a Burma ɗan garinku ne yake rubuta mini wasiƙa zuwa gida. Shekara uku bai taɓa gajiya ba, sai dai ya ƙara mini ƙarya a ciki, ya ce na zama babban mutum." Kofur kuwa ya cire hula, ya gaishe ta da yarenta, 'yan kalmomin da ya tsinta a can. Matar ta juyo ta dube shi a karo na farko. Ta ce da Hausa, "Wannan gaisuwar safe ce. Yanzu rana ta yi." Ta juya ta tafi. Saje ta ajiye jaka ta ɗauki allonta.

Daga ranar aka shiga wani sabon abu. Baba zai kwatsa wa yara talatin da tara tsawa har jijiyar wuyansa ta tashi, sannan ya juyo wajen Saje ya sassauta murya ya ce, "Ranki ya daɗe, in kin ga dama a juya hagu."

Ranar bikin gari ya waye da hadari amma bai zubo ba. Mun shafe takalman kambas da farar ƙasa tun jajibiri, wanda ba shi da su ya aro. Babbar mota ta kwashe mu zuwa filin sukuwa, wanda ya cika ya batse. Baba ya zo cikin tsohon kakinsa mai gajeren wando, guga ta kama shi har yana iya tsayuwa shi kaɗai, da lambobi biyu a ƙirji. Kofur ya sa farar riga ta zuwa majami'a. Kayan Saje kuwa sun fi na kowa zama a jiki, har da 'yar aljihu da babu a namu tsarin.

Muna isa aka gaya mana abu biyu: ba a yarda da gangar makaranta ba, badujalar soja ce za ta kaɗa wa kowa, kuma babu babban da zai shiga fili sai malami ɗaya. Kofur ya rungume gangarsa ya koma bayan igiya. Yaranmu kuwa da kiɗansa suka saba, na badujala ya fi shi sauri. Da aka kira makarantarmu muka taka, ni ina gefe, kafin mu yi taku ashirin layin baya ya fara rikicewa.

Sai na ji murya daga cikin 'yan kallo, ta keta ƙaho da ganguna: "Alli! Babu! Alli! Babu!" Baba ne. Ya tsallake igiya yana maci a gefenmu, hannu na kaiwa kafaɗa. Wani ɗan sanda ya taso zai kama shi, wani hafsa da ke kusa ya ga lambobin ƙirjinsa ya ɗaga wa ɗan sandan hannu. Ƙafafu suka dawo daidai. Da muka zo gaban rumfar manya, Saje ta juya kai dama, allon a miƙe, yara talatin da tara suka juya tare da ita. Jama'a suka ɗauki tafi, ko don mu ne ko don tsohon, ban sani ba har yau.

Ba mu ci komai ba. An ce babba ya shiga fili, wannan ya saɓa ƙa'ida. Hedimasta ya yi fushin rabin yini, da ya ga iyaye suna ta zuwa yi masa barka sai ya fara cewa shi ya ba da shawarar a sa Baba. Uwar Saje ba ta zo filin ba. Ta ce ba za ta iya jin takalman soja da yawa haka a wuri ɗaya ba. Amma da motar ta dawo da mu, mun same ta a ƙofar makaranta da tukunyar dafa-duka, ta zuba wa yara, ta zuba wa Baba, ta zuba a wani kwano ta ba Saje ta ce ta kai tsallaken hanya, rumfar Kofur.

Bayan nan rayuwa ta koma yadda take. Kofur ya ƙara shekara biyu a rumfarsa, da ƙanwarsa ta gama firamare suka koma gida, na ji ya kama noman citta ya yi aure. Saje ta ci jarrabawa ta tafi sakandare ta kwana. Iya da uwar Saje suka ƙulla zumunci na kansu da babu ruwansa da ni, duk sallah sai an kai tuwo Badarawa, duk Kirsimeti sai shinkafa ta zo, har Iya ta rasu.

Wata rana Baba ya same ni a lokacin tara, ya ce tunda na iya rubutu yana so in rubuta masa labarin Burma daga farko, don jikokinsa ba sa yarda in ya faɗa. Na ware sabon littafin rubutu, muka fara, kullum kaɗan. Matsalar ita ce Baba ba ya tsallake komai. Mun yi mako uku muna cikin jirgin ruwa, yana amai, yana lissafa mini waɗanda suka yi amai tare da shi da garuruwansu. Mun sauka Indiya ke nan, ana shirin shiga kurmi, takardar canjin wurin aiki ta zo mini, aka mai da ni wata makaranta a Unguwar Dosa. Na yi masa alkawarin zan riƙa zuwa ranar Asabar. Na je sau biyu, sai aure ya zo, sai goyo. Da na sake komawa na tarar da wani maigadin a kan bencin, ya ce tsohon ya rasu da azumin da ya wuce. Na karɓi kwatancen gidansa a Unguwar Kanawa, na kai wa babban ɗansa littafin, shafi goma sha ɗaya. Ya sa wata jikar ta karanta a tsakar gida, da aka zo wurin aman nan matan gidan suka yi ta dariya suna share hawaye.